Shekarar da Malam Ya Roƙi Huɗa

Da aka kai ni Rijiyar Zaki gidan jikata don a duba mini ido, ba ni da aikin yi sai zama a gaban talabijin da ɗan ganin da ya rage mini. Ran nan sai ga wani taro an nuno. An jera mutane a kan kujeru, wani ba ƙafa, wani ba ido, wata hannunta a shanye, ana kiran su ɗaya bayan ɗaya, wani mai babbar riga yana miƙa musu katako mai sheƙi, jama'a na tafi. Jikata ta ce, "Inna, kin ga abin kirki, ana karrama masu haƙuri." Na ce ta kashe mini shi. Ta ce me ya yi zafi? Na ce ke dai kashe. Katakon nan na san shi, har ɗakina ya taɓa kwana, kuma na san abin da ya ci mana.

Mijina, wanda nake kira Malam har ya koma ga Allah, manomi ne ɗan manomi. A garinmu gona tana jikin gona, ba daji, ba saura, iyaka sai ɗan layin ciyawar gamba. In ka yi tari a gonarka maƙwabci zai ce maka sannu. A shekarun fari, lokacin da gyaɗa ta daina yi, rijiyoyi suka yi ƙasa, mata suka koma tankaɗe dusa, Malam ya hau gawo da rani zai saro wa awaki ganye. Reshe ya ɓalle da shi. Aka ɗauko maɗori daga wajen Kunci, ya yi iya yinsa, Allah ya saka masa, amma ƙugu ya riga ya tafi. Ƙafar hagu ta motse ta zama kamar muciya, ta dama kuma ba ta ɗaukarsa sai ya dafa bango. 'Ya'yanmu mata duk suna gidajen mazajensu, namijin ɗaya ya tafi cin rani kudu, shekarun nan ko labarinsa ba ma ji sosai.

Ni 'yar wajen Rimin Gado ce, kuma a gidanmu ba a koya mana zama a yi tagumi ba. Ranar da Malam ya faɗo, ranar kullena ya ƙare. Shi ma bai kwanta ba. Da ciwo ya lafa sai ya sa aka yanko masa tsohuwar taya ya ɗaura a gwiwa, ya sami guntun buzu yana zama a kai, maƙerin garinmu, wanda sa'ansa ne tare suka yi wasan ƙasa, ya ƙera masa fartanya mai gajeriyar ƙota. In ruwan shuka ya sauka ni ke sara da sungumi, shi yana bi na da rarrafe yana zuba iri yana rufewa da tafin hannu. Noman farko da maimai kuwa a zaune yake yin su, yana jan jiki, kuma wallahi in kun ga inda ya bi sai ku rantse da tsintsiya aka share. Masu ƙafa biyu da yawa gonarsu ba ta kai tasa tsabta ba. Ba yabon miji nake yi ba, abin da ido ya gani ne.

Abu ɗaya ne ya fi ƙarfinsa, huɗa. Huɗa sai da garma, garma kuwa sai mutum ya tsaya da ƙafafunsa ya sunkuya ya kwaso ƙasa ya tara wa gero a gindi. In ba a yi ba, ruwan da ya sauka ya gudu, iska ta zo ta kwantar da geron, kuma ba inda za a sa wake.

To ga yadda garinmu ya yi da wannan, ba tare da an zauna an shirya ba. In lokacin huɗa ya zo, maza in sun fito daga sallar asuba za su gonakinsu, sai hanya ta bi da su ta gonar Malam. Wannan ya ja kunya ɗaya ko biyu ya wuce, wancan ya ɗora daga inda aka tsaya. Malam kuma a kwanakin nan sai ƙugunsa ya tashi. Ya ce, "Yau jikin ba daɗi, sai rana ta ɗan ɗaga." Ya zauna yana jan carbi, yana gyaran igiyar da ba abin da ya same ta. Ni kuma in dama kunu tun da duhu-duhu in kai gindin ɗorawar da ke bakin gonar in manta shi a can. In hantsi ya yi in je in tarar da tulu ba komai, an kife ludayi a kai. Malam ya iso ya dubi kunyoyi sababbi, ƙasa da danshinta, ya ce "Alhamdu lillahi," ya kama abin da zai yi. In ya haɗu da maƙeri a masallaci su yi ta tsiyarsu ta yara, wannan ya ce wa wancan mai baƙin hannu, wancan ya ce masa sarkin zama. Ba mai cewa na yi, ba mai cewa na gode. Su suna tsare ladansu, shi yana tsare mutuncinsa. Shekaru muka yi a haka, cikin yunwar nan, Malam bai taɓa buɗe baki ya roƙi mutum ko da ƙwayar gero ba.

Sai ga mutanen birni.

Wata ƙungiya ce, ban riƙe sunanta ba, ban kuma yi ƙoƙarin riƙewa ba. Wai suna yawo ƙauye-ƙauye suna neman naƙasassun da ba sa bara, za su ba su lambar yabo. Motarsu ta kafe a rairayi tun kafin ta shigo gari, samari suka tura. Shugabarsu wata Hajiya ce mai tabarau, da takalmi mai tsini wanda duk taku sai ya nutse, tana cire shi kamar mai cire ƙaya. Ranar ina tsakiyar dafa kalwa, don ni daddawa nake yi, kuma daddawata har daga wasu garuruwa ake aiko saye. Tun daga zaure Hajiya ta sa hankici a hanci. Na ce a raina, ke da miyarki ba ta daɗi sai da abin nan.

Ina bayan zana ina jin su. Ta ce, "Baba, mun ji labarinka, ka burge mu ƙwarai. Wa yake taimaka maka a gonar?"

Malam ya ce, "Allah."

Ta ce, "E, mun sani. Bayan Allah fa?"

Ya sake cewa, "Allah dai, Hajiya."

Me zai ce? Ko ni aka tambaya abin da zan faɗa ke nan. Mutumin da ya tashi cikin mutane ba ya yi wa wani wannan tambaya, in kuma ya yi ya ji amsa irin wannan, ya san an ce masa ya bar maganar. Ita kuwa sai ta juya wajen wani siririn mutum da ke tare da ita ta ce, "Ka ji ko? Ba shi da kowa." Har da ɗan murmushinta, kamar wadda ta yi tsintuwa.

Malam ya sa rigarsa ta Juma'a don baƙi. Suka ce ya cire ya sa ta gona, mai yagar nan, za a ɗauki hoto. Suka ce ya ɗan janye wando a ga ƙafar. Ni da nake matarsa ban taɓa tsayawa na ƙare wa ƙafar nan kallo ba, don kada ya ga ina kallo. Su kuwa har da durƙusawa a gyara mata zama ta fito sosai.

Aka sa ranar taro a filin wata makaranta, a garin da muke cin kasuwa. Lokacin ana tsakiyar maimai, ranar aiki guda ba abin wasa ba ce, amma mazan garinmu suka ajiye fartanya suka sa rigunan Salla, wai ɗan'uwansu za a karrama. Maƙeri ya ɗora Malam a kan jakinsa, shi yana ja a ƙasa, yana ce masa, "Riƙe da kyau, ango, kada ka faɗo karo na biyu a ce ni ne." Ni ma na bi sahun mata.

An kafa rumfa, an jera kujeru masu laushi a inuwa, na manyan baƙi. Waɗanda aka zo karramawa kuwa aka jera su a kan benci a rana, don a nan hoto ya fi fita. Akwai wata makauniya mai saƙar faifai, akwai wani da injin niƙa ya cinye wa hannu yana kiwon tumaki, akwai wani dattijo da kurkunu ya lalata wa gwiwa. Mutanen kirki, kowa da sana'arsa, an ɗauko su daga aikinsu an shanya. Tun hantsi muke nan har azahar ta gota kafin babban baƙo ya iso, yana hamma.

Siririn mutumin nan shi ya riƙe lasifika. Murya gare shi kamar ta mai tallan maganin basir. Da aka zo kan Malam sai ya gyara tsayuwa ya ce, "Jama'a, ku dubi wannan bawan Allah. Ba ɗa, ba ƙane, ba maƙwabci. Garinsu kaf ba wanda ya taɓa ɗaga masa fartanya. Kowa ya juya masa baya, amma bai karaya ba. Shi kaɗai yake shuka, shi kaɗai yake noma, shi kaɗai yake huɗa!"

Shi kaɗai yake huɗa. Ko akuya ta san mutum ba ya huɗa a zaune, amma 'yan inuwa suka hau tafi, wata har da share hawaye da gefen mayafi. Filin nan kuwa cike yake da manoman garuruwan da ke kewaye da mu, waɗanda muke auratayya da su. Sai na ji wani daga baya ya ɗaga murya, "Wane gari ne wannan?" Wani ya faɗa masa. Aka kwashe da dariya, kawuna suka juya wajen mazanmu da ke tsaye cikin rigunan Salla. Na hango maƙeri. Bai motsa ba, sai dai igiyar jakin da ya naɗe a hannu har yatsunsa suka yi fari.

Sannan aka kai wa Malam ƙarfen magana bakinsa, aka ce ya ce wani abu. Ya dubi inda mutanenmu suke, ya dubi ƙasa. In ya kira sunayensu ya tona abin da suka shekara suna rufewa, a gaban duniya. In ya yi shiru ya bar ƙarya a kansu. Ba a ba shi ko lokacin haɗiye yawu ba, mai lasifika yana ta "Yi magana, Baba, yi magana." Ya ce, "Alhamdu lillahi. Na gode." Aka janye ƙarfen.

Akwai keken guragu guda ɗaya, sabo fil, da ledarsa. Aka ɗaga Malam aka zaunar a kai, aka miƙa masa katako, aka ɗauki hoto, aka sauke shi. Aka ɗora dattijo mai gwiwa, aka ɗauka, aka sauke shi. Har makauniyar nan, da ƙafafunta lafiya lau, sai da aka zaunar da ita a kai. Da aka tashi aka mayar da keken cikin mota. Abin da muka dawo da shi gida katako ne mai ɗan ƙarfe a tsakiya da rubutun da ba mai iya karantawa a gidanmu, sai kwalbar lemo mai zafi, ita ma aka ce a mayar da kwalbar.

Maƙeri bai bar Malam a can ba, ba a yi masa tarbiyyar haka ba. Ya ɗora shi a jaki ya ja har gida. A ƙofar zaure ya sauke shi ya ce, "Sauka lafiya, mai huɗa shi kaɗai." Ya juya.

Ranar kasuwa ta zagayo, abin ya zama abin wasa. Duk inda mutumin garinmu ya tsaya sai an ce masa, "Ku ne kuka bar gurgu da garma?" Mahauta su faɗa, masu gishiri su faɗa. Wata tsohuwa ta fasa kawo goron neman aure garinmu, wai ba ta kai jikanta inda ba a san maƙwabtaka ba.

Gero ya kai gwiwa, ya wuce, huɗa ta zo. Da asuba Malam ya ce, "Yau jikin ba daɗi, sai rana ta ɗan ɗaga." Na dama kunu da ɗan ragowar dawar da nake ɓoyo, na kai gindin ɗorawa. Da hantsi na koma na tarar da tulu yadda na ajiye shi, tururuwa ta kewaye bakinsa. Washegari haka. Na ci gaba da kaiwa ina dawowa da shi ya yi tsami, mu sha abinmu ba mai duban wani. Gonakin dama da hagu duk suka tashi da kunyoyi, tamu tana kwance a tsakiya kamar tabarma. Rumbunmu kuwa in ka leƙa ƙasansa kake gani. Geron nan shi ne abincinmu na shekara, ba wani.

Na yafa mayafi na tafi maƙera. Na same shi yana zuga wuta.

Ya ce, "Uwargida, daddawa ce ta ƙare ko tsiya ce ta kawo ki?"

Na ce, "Garmarka na zo dubawa, na ji an ce tsatsa ta cinye ta."

"Garmata lafiya lau. Ta gama gonata, ta gama ta surukina, tana hutawa."

"Ka san ba shi ya faɗa ba."

"An sa masa ƙarfe a baki, ina tsaye. Ya ce ya gode."

"Da ya kira sunanka fa? Da ka ce ya zubar maka da lada a gaban 'yan kasuwa."

Ya yi ta zuga wutar da ba ta buƙatar zugi. Can ya ce, "Da na ce haka. Amma da ba a tare ni a rumfar mahauta an tambaye ni ko a garinmu akwai masallaci ba." Ya ɗago ya dube ni, ba wasa a fuskarsa. "Ki koma gida. Ba ke za ki zo ba."

Na so in zage shi, don bakina bai taɓa rasa abin faɗa ba, amma na rasa ta inda zan kama. Shi ma cutarsa aka yi. Wadda ta cancanci zagin tana birni, ta rataye hoton ƙafar mijina a bangon ofis.

Na ɗauki tsohuwar garmar Malam da kaina. Ina da ƙarfi a lokacin, mace ce ni da ke ɗaukar buhun kalwa ba a ɗora mini ba, amma garma ba turmi ba ce. Kafin rana ta take na ja abin da bai kai a nuna wa mutum ba, shi ma a karkace, bayana ya riƙe. Malam yana zaune a kan buzunsa yana kallona.

Sai hadari ya haɗo daga gabas wata rana da yamma, da iska a gabansa. Da ya wuce muka je. Gefen gabas na gonar duk ya kwanta, saiwa a waje. Na maƙwabta kuwa yana tsaye, ruwa ya kwanta masa a tsakanin kunyoyi. Malam ya shiga cikin taɓo da rarrafe yana tayar da geron ɗaya-ɗaya, yana tara masa ƙasa da hannu. Ya tayar da wannan, wancan ya koma. Ya daɗe yana yi, sannan ya zauna ya dubi hannayensa ya ce, "Wanke mini rigar Juma'a."

Masallacinmu yana jikin dangarmu, ina iya hangen ƙofarsa ta tsakanin kara. Washegari da aka idar da la'asar Malam ya riga kowa fitowa, ya zauna a bakin ƙofa, wurin da ake ajiye takalma, inda mabarata ke zama in sun zo wucewa. Mutane suka fito suka yi cirko-cirko, don ba mai iya ɗaukar takalminsa sai ya tsallake shi.

Ya ce, "Jama'a, ku dakata. Ni ban taɓa huɗa ba tun da na faɗo. Ku kuke yi mini." Sai ya fara kiran su, kowa da sunansa da sunan ubansa, har da waɗanda suka mutu a shekarun. Ashe duk ya san su, ya san hannun kowa a jikin ƙasa, wa ke tara ta da tudu, wa ke barin ta da faɗi. Maƙeri ya ce, "Ya isa, Malam, tashi daga cikin takalma." Malam ya ce, "Bari in gama. An tambaye ni a gaban mutane na kasa faɗa. Yanzu gerona ya kwanta. Ina roƙonku, don Allah, ku zo ku yi mini huɗa."

Ina roƙonku. Shekarun da na yi da mutumin nan, da ƙafa da babu ƙafa, ban taɓa jin kalmar nan a bakinsa ba sai in da Ubangijinsa yake. Liman ya sunkuyar da kai. Maƙeri ya sa hannu ya ɗago shi ta hammata, yana faɗa kamar zai doke shi, "Wa ya ce ka yi haka? Wa ya ce ka yi haka a nan?" Alhali shi ya ce, kuma ya sani.

Suka zo da safe, rana a sama, gaba ɗayansu, gayya sosai. Na daka abin da ya rage na tuƙa musu tuwo, don gayya ba a yin ta da kunun da aka manta a gindin bishiya. Malam yana zaune a inuwar ɗorawa, duk wanda ya kai ƙarshen kunya ya ce masa sannu, an gode, Allah ya saka. Su kuma suna amsawa ba sa duban sa. Kafin azahar sun gama. Gefen da ya kwanta bai tashi duka ba, wake ma ya makara bai yi abin kirki ba, amma abin da muka girbe ya kai mu har ruwa ya sake sauka, da ƙyar, da haɗin rama da tafasa.

Daga shekarar nan, duk damina sai Malam ya sa rigar Juma'a ya bi gida-gida ya faɗa da bakinsa. Ba wanda ya taɓa ce masa a'a. Ba kuma wanda hanya ta sake bi da shi ta gonarmu da asuba. Abin da aka riga aka faɗa a fili ba ya komawa yadda yake. Shi da maƙeri sun ci gaba da gaisawa har mutuwa ta raba, gaisuwa ta mutunci, da tambayar iyali, amma ban sake jin an ce mai baƙin hannu ko sarkin zama ba.

Hajiya mai tabarau ba ta sake tako garinmu ba, ko ta aiko a ji ko wanda ta karrama yana da rai. Katakon ya yi 'yan kwanaki a ɗakina, na ga yana tare mini wuri, na kai shi na toshe ƙofar akurki. Nan ma bai yi ƙarko ba, gara ta cinye shi, don ashe fenti ne kawai a kan ɓawon itace.

Na daina dama kunun asuba. Malam kuma ƙugunsa bai sake tashi da huɗa ba. Ana idar da salla yake ɗaura tayarsa a gwiwa ya kama hanyar gona, tunda ba sauran wanda zai ba wa lokaci ya gama ya wuce.